Matuƙan Kwalekwale da Raƙuman Ruwa a Gaɓar Tekun Gini

Gaɓar Tekun Atlantika da ta miƙe daga Laberiya ta bi ta Kwaddibuwa da Gana da Togo da Jamhuriyar Benin har zuwa Legas, wadda tsawonta ya haura kilomita 1,000, tana cikin gaɓoɓin da suka fi wuyar sauka a duniya, domin kusan babu wani lungu da tudu ko tsibiri ya kare shi wanda babban jirgi zai shiga ya fake. Abin da ke akwai shi ne rairayi miƙaƙƙe, da raƙuman ruwa masu dukansa dare da rana, rani da damina. Saboda haka, tun daga zuwan Turawan Fotugal a ƙarni na 15 har zuwa tsakiyar ƙarni na 20, manyan jiragen ruwa kan jefa anga ne can nesa, tazarar kilomita biyu ko uku daga tudu, kuma duk abin da zai sauka ko ya hau, zinariya ce ko tufa, koko ne ko goro, gwamna ne ko bawa, sai ya bi ta hannun matuƙan kwalekwale 'yan ƙasa. Wannan 'yar tazara ita ta haifi wata sana'a da ta yi kusan shekaru 500 tana ci, wadda littattafan tarihi suka daɗe ba su ba ta haƙƙinta ba, alhali cinikin yankin gaba ɗaya a wuyanta ya rataya.

Raƙumin ruwa, wato tudun ruwan da ke tasowa a fuskar teku yana tafiya, iska ce ke haifar da shi, kuma girmansa ya danganta da ƙarfin iskar, da daɗewar da ta yi tana kaɗawa, da faɗin tekun da ta ratsa ba tare da wani abu ya tare ta ba. Abin da ke tafiya a cikinsa ƙarfi ne kawai, ruwan kansa kuwa yana nan kusan inda yake, yana yin sama da gaba sannan ya yi ƙasa da baya a zagaye, kamar yadda iska ke bi ta gonar gero a ga lanƙwasa tana gudu daga wannan kunya zuwa waccan, alhali kowane kara na nan a gindinsa. Masana kan auna tsayinsa, wato daga ƙasan kwarinsa zuwa ƙololuwa, su auna ratarsa, wato tazarar da ke tsakanin wata ƙololuwa da mai bi mata, sannan su ƙidaya sakan nawa ke wucewa tsakanin isowar su biyun. A ruwa mai zurfi, gwargwadon faɗin rata gwargwadon gudu, ta yadda raƙumin da ke zuwa duk bayan sakan 12 yana da ratar kimanin mita 225, kuma yana gudun da ya kai kusan kilomita 67 a awa. Tsayi kuwa shi ke nuna ƙarfi, domin idan tsayin ya ninka sau biyu, ƙarfin da raƙumin ke ɗauke da shi yakan ninka sau huɗu ne.

Raƙuman da ke dukan gaɓar Gini ba a kusa ake haihuwarsu ba. Asalinsu manyan guguwoyi ne da ke tashi can ƙarshen kudancin Atlantika, tsakanin digiri 40 da 60 kudu da Ikwaita, inda iska ke kaɗawa a kan teku marar shamaki. Daga can suke tasowa su yi kwanaki a hanya suna ratsa dubban kilomitoci, masu gajeriyar rata su mutu ko a bar su baya, masu doguwar rata su iso a jere, sumul, cike da ƙarfi. Wannan shi ya sa matafiyan dā suka riƙa mamakin yadda teku ke ruri a bakin gaɓa a ranar da ko ganye ba ya motsi. Shi ya sa kuma ruwan ya fi hauka daga wajen watan Mayu zuwa Agusta, lokacin da kudancin duniya ke cikin sanyi da guguwa, ya kuma fi lafawa da hunturu.

Haɗarin yana farawa ne idan raƙumi ya kusanto tudu. Da zarar zurfin ruwa ya gaza rabin ratarsa, gindinsa yakan fara jin ƙasa, gudunsa ya ragu, har ya zamana a zurfin mita biyu bai wuce kilomita 16 a awa ba. Na baya sai su matso na gaba, rata ta tsuke, ƙarfin da ke shimfiɗe a faɗi ya taru ya miƙe sama, kuma idan tsayin ya kai kimanin kashi huɗu cikin biyar na zurfin wurin, sai ƙololuwar ta riga gindin gaba, ta nannaɗo ta rufto. Inda gaɓa ke gangarowa a hankali, raƙumi kan zubar da ƙarfinsa kaɗan-kaɗan, amma a gaɓar Gini, inda rairayin ke da tsananin gangara, yakan rufto ne gaba ɗaya a lokaci guda. Su kuma raƙuman ba kai ɗaya suke zuwa ba, domin sukan zo rukuni-rukuni, 'yan manya a jere sannan a sami ɗan sarari, kuma ruwan da suka jibge a gaɓa yakan nemi hanyar komawa ta wasu 'yan siraran magudanai masu ja da ƙarfi zuwa cikin teku. Ilimin matuƙi kacokan a kan gane wannan sarari da waɗannan magudanai yake.

Akwai kuma wani aiki da raƙuman ke yi a ɓoye. Da yake daga kudu maso yamma suke zuwa, a karkace suke dukan gaɓar, don haka kowanne kan tura yashi ɗan gaba zuwa gabas kafin ya janye, har ya zamana a wurare irin su Lome yashin da ke wucewa a shekara ya kai kimanin kubik mita miliyan ɗaya. Wannan yashi shi ya gina dogayen tuddan da suka raba teku da jerin tafkunan da ke bayan gaɓa tun daga Keta har Legas, shi ne kuma ke taruwa a bakunan koguna ya zama dandamali a ƙarƙashin ruwa, wanda raƙuma ke fashewa a kansa. Dandamalin bakin Legas ya ci jirage da rayuka masu yawa, kuma ba ya zama wuri ɗaya, balle a ce an haddace hanyarsa.

Kwararar teku wani abu ne dabam, domin a nan ruwan ne da kansa ke tafiya, tamkar kogi a tsakiyar teku, kuma iskokin da ke kaɗawa ta fuska ɗaya shekara da shekaru su ke tura shi, juyawar duniya kuma tana karkatar da shi. A yankin Ikwaita iskoki kan kora ruwan sama zuwa yamma ya taru a wajen Amurka ta Kudu, sai wani sashe nasa ya komo gabas ta wata 'yar siririyar hanya, ya shiga mashigin Gini ya bi gaɓa. Wannan ita ce kwararar Gini, wadda gudunta kan kai kusan mita ɗaya a sakan da damina. Ga jirgi mai tafiya da iska, ma'anar wannan ita ce zuwa gabas da sauƙi, komawa yamma kuwa da wuya, tunda iska da ruwa duk sun juya masa baya. Turawan Fotugal, waɗanda suka wuce tsinin Bojador a 1434, suka isa gaɓar Gana ta yau a 1471, suka kuma gina ganuwar Elmina a 1482, sun koyi cewa mai son komawa gida sai ya ƙara nausawa gabas da kudu zuwa wajen tsibirin Sao Tome, ya tsallake Ikwaita, sannan ya kama kwararar da ke yin yamma. Tsarin cinikin ƙarnonin da suka biyo baya, inda jirage ke farawa daga yamma suna gangarowa gabas tasha-tasha, daga nan ya samo asali.

Ba kowace al'ummar gaɓa ce ta shiga teku ba, kuma dalilin yana cikin yanayin ƙasa. A gaɓar Gana akwai tsinin duwatsu nan da can waɗanda ke rage ƙarfin raƙuma su samar da 'yan lungunan tura kwalekwale, kamar bakin tafkin Benya a Elmina, ga shi kuma babu manyan tafkuna a baya da za su wadatar da mutane da kifi. Don haka Fante da maƙwabtansu suka fuskanci teku tun kafin zuwan Bature. Mutanen gabas da kogin Volta kuwa suna da tafkuna masu kwanciyar ruwa da yalwar kifi, waɗanda ke haɗa gari da gari, saboda haka ba su ga dalilin jefa kansu cikin ruri ba. Kwalekwalen Fante daga gungumen itace ɗaya ake sassaƙa shi, ko rimi ko wani icen kurmi marar nauyi da ake kira wawa a Gana, a fafe cikinsa, a ɗaga goshinsa don ya sari ruwa. Marubutan Holan irin su Pieter de Marees, wanda littafinsa ya fito a 1602, da Willem Bosman bayansa da kimanin shekara ɗari, sun bayyana ƙananan kwalekwalen masunta da kuma manya masu ɗaukar kaya da matuƙa da yawa. Wasu matafiya kuma sun ga yaran gaɓar suna kwanciya a kan 'yan alluna suna bin raƙumi zuwa tudu, wasan da a cikinsa yaro ke koyon halin ruwa da jikinsa tun kafin a ba shi filafili.

Fita daga gaɓa aiki ne na haƙuri da ƙidaya. Matuƙa kan tsaya cikin ruwa zuwa ƙugu suna riƙe da kwalekwale, goshinsa na fuskantar teku daidai, shugabansu kuma, wanda ke tsayawa a baya da dogon filafilin juya akala, ya zuba wa ruwa ido yana barin manyan raƙuma su wuce ɗaya bayan ɗaya. Idan ya ga sarari sai ya daka tsawa, kowa ya yi tsalle ya hau, filafilai su faɗa ruwa a tare bisa amon waƙa, domin dole a wuce wurin fashewa kafin rukuni na gaba ya iso. Komowa ta fi haɗari, saboda raƙumin ta baya yake zuwa. Matuƙi kan tsayar da jirgin a bayan wurin fashewa, wani lokaci a ja da baya, har ya zaɓi raƙumin da zai hau, sannan a tuƙa da iyakar ƙarfi don a bi bayansa zuwa rairayi. Idan jirgin ya karkace ko kaɗan ya ba raƙumi gefensa, kifewa ce, kuma abin da ke kashe mutane sau da yawa shi ne gungumen da ke faɗo musu a ka. Wannan ilimi ba a rubuce yake ba, daga uba zuwa ɗa yake bi, kuma yana tafe da dokokinsa, waɗanda mafi shahararsu ita ce hana shiga teku ranar Talata, al'adar da har yau masuntan Fante da na ƙabilar Ga da yawa ke kiyayewa.

Turawa sun gwada nasu ƙananan jiragen sun ga ba sa jure wannan ruwa, don haka suka koma haya. Ganuwoyin Elmina da Cape Coast suna da matuƙan da ake biya da zinariya ko tufa ko barasa ko taba, kuma tunda babu mai maye gurbinsu, sun san darajar kansu. Bayanan kamfanonin sun nuna yadda sukan ƙi fita idan an hana su haƙƙinsu ko an wulaƙanta ɗayansu, abin da ya sa masani Peter Gutkind ya lissafa su cikin ma'aikatan ƙwadago na farko a yankin da suka san amfanin ajiye aiki. Sai dai wajibi ne a faɗi cewa mafi girman abin da wannan gwaninta ta yi wa hidima a ƙarni na 17 da na 18 shi ne cinikin bayi. Jiragen da za su Wida, a Jamhuriyar Benin ta yau, kan tsaya a gaɓar Gana su ɗauki kwalekwale da matuƙa, saboda mutanen Wida ba su saba da teku ba, kuma ta wannan tasha kaɗai an fitar da mutane fiye da miliyan ɗaya. Idan an gama lodi sai a sallami matuƙan su nemi hanyar gida, kuma da yake kwarara ta hana su komawa yamma cikin sauƙi, wasu kan jira hunturu, wasu kuma suka zauna a Aneho ta Togo, inda zuriyar mutanen Elmina da Akra ke nan har yau.

Ga wanda aka kama, tazarar da ke tsakanin gaɓa da jirgi ita ce farkon azabar teku. Mutanen da akasarinsu daga cikin ƙasa aka kawo su, ba su taɓa ganin teku ba, ana kwantar da su a ɗaure a cikin kwalekwale a keta raƙuma da su, idan kuma aka kife, ɗaurarre ba shi da hanyar tsira, ga kifayen shak da suka saba bin jiragen. Cikin waɗanda suka bi ta nan a ƙarshen ƙarni na 18 da farkon na 19 akwai Hausawa masu yawa, waɗanda aka fitar ta Legas da Badagry da Porto-Novo da Wida zuwa Bahia ta ƙasar Burazil, inda suka jagoranci yunƙurin tawaye a 1807 da 1814.

Da aka shiga ƙarni na 19 sai sunan Kru na gaɓar Laberiya ya fito. Su ma ƙwararrun matuƙa ne, kuma rundunar ruwan Ingila da ta fara sintirin hana cinikin bayi a 1808 ta dogara da su ƙwarai, haka ma jiragen 'yan kasuwa, waɗanda kan ɗebe su a hanyar gangarowa su mayar da su a hanyar komowa, har suka kafa unguwanninsu a Freetown da Akra da Legas. Zuwan jirgi mai tururi ya kashe matsalar kwarara, tunda inji ba ya jiran iska, amma bai taɓa matsalar raƙuma ba. Abin da ya canza shi ne an kawo wasu manyan jiragen katako masu tsini gaba da baya, waɗanda matuƙa wajen goma ke zama a gefunansu da filafilai masu baki uku. Da waɗannan aka yi lodin kokon da ya sa Gana ta zama kan gaba a duniya wajen fitar da shi a 1911, 'yan dako na shiga ruwa da buhu a ka suna jefawa cikin jirgi. Fasinja kuwa a cikin wata kujerar katako ake zaunar da shi, ƙugiyar jirgi ta ɗaga shi ta sauke cikin ƙaramin jirgin da ke hawa da sauka a ƙasa, a bakin gaɓa kuma a saɓe shi a kafaɗa zuwa busasshen wuri. Har motoci an sauke ta wannan hanya, a kan jirage biyu da aka ɗaure gefe da gefe.

A wannan zamani ne fataucin goro ya gamu da teku. Shekaru aru-aru ayarin fatake ke tafiya ta ƙasa daga Kano zuwa Gwanja su sayi goron kurmin Asante a kasuwar Salaga, tafiyar da kan ci watanni. Bayan Ingilishi sun ci Kumasi a 1874, sannan yaƙin basasa ya watsa Salaga a 1892, Hausawa 'yan kasuwa suka gangara kudu suka cika zangunan Kumasi da Akra da Sekondi, goro kuma ya fara bin jirgin tururi zuwa Legas, musamman da layin dogo ya isa Kano a 1911. Alhassan Dantata na cikin waɗanda suka yi fice a wannan sabuwar hanya kafin ya koma Kano ya shiga cinikin gyaɗa. Goro kaya ne mai laulayi, wanda ba ya son zafi ko bushewa, balle ruwan gishiri, saboda haka kowane huhu da aka naɗe da ganye aka ɗora a jirgin Akra, ribar mai shi ta dogara ne ga idon matuƙin da ke ƙidayar raƙuma.

Gwamnatocin mulkin mallaka sun ga asarar kaya da jinkirin lodi sun yi yawa, sai suka shiga neman hanyar kauce wa raƙuman. Faransawa a Kwatano da Jamusawa a Lome suka gina dogayen gadojin ƙarfe da suka tsallake wurin fashewa, ta Lome an gama ta a 1904. A Legas, inda dā fasinjojin manyan jirage kan sauya zuwa ƙananan jirage a Forcados ko a bakin dandamali, an jibge dogayen katangun duwatsu a gefe biyu na mashigar aka kuma yashe ta, har babban jirgin wasiƙu na farko ya shiga a watan Fabrairun 1914. Tashar Takoradi ta buɗe a 1928, mashigar Vridi ta haɗa Abidjan da teku a 1950, Kwatano ta sami tasha mai zurfi a 1965, Lome kuma a 1968. Buɗe tashar Tema a 1962 shi ya kawo ƙarshen lodin jiragen filafili a Akra, dubban matuƙa suka rasa abin yi, da yawansu suka koma kamun kifi, wanda a daidai lokacin ya fara samun injin da ake maƙalawa a jikin kwalekwale. Wannan inji, tare da ruwan sanyi mai tasowa daga ƙasan teku tsakanin Yuli da Satumba yana kawo ɗimbin ƙananan kifaye, shi ya riƙe sana'ar sassaƙa da tuƙi, har masuntan Gana suka bazu daga Senegal zuwa Kongo.

Katangun da suka kare jirage sun kuma tare yashin da ke tafiya gabas, kuma sakamakon iri ɗaya ne a kowace tasha: rairayi ya taru a yammacin katanga, gabashinta kuma teku ya shiga cin ƙasa, tunda raƙuman na ci gaba da kwashewa ba tare da an kawo madadi ba. Madatsar Akosombo, wadda aka gama a 1965, ta rage yashin da kogin Volta ke kaiwa teku, abin da ya ƙara tsananta halin garin Keta, inda ruwa ya cinye unguwanni da wani sashe na tsohuwar ganuwar Denmak. A gabashin tashar Lome teku ya lashe tsohuwar hanyar mota ta bakin gaɓa, a gabashin Kwatano kuma gidaje da yawa sun rufta. A Legas, gaɓar tsibirin Victoria ta ja baya fiye da kilomita ɗaya a cikin ƙarnin da ya biyo bayan gina katangun, gwamnatoci suka yi ta zuba yashi ruwa na kwashewa, har aka fara aikin Eko Atlantic a ƙarshen shekarun 2000, inda aka cike wurin da yashin da aka haƙo daga ƙasan teku aka kuma kewaye shi da katangar duwatsu da kankare mai tsawon kilomita da dama. Mazauna ƙauyukan da ke gabas da wannan katanga, a yankin Lekki, su ne yanzu ke kukan teku na matso gidajensu.